Tsakanin Zaure da Kasuwa: Yadda Baƙon Harshe Ke Zama a Bakin Mutum

Duk wanda ya yi makarantar boko a Arewacin Najeriya ya san wannan lamari, ko da bai taɓa zama ya yi tunani a kansa ba. Yaro zai yi shekara shida a firamare, ya ƙara shida a sakandare, kullum ana yi masa darasin Ingilishi, har ya ci jarrabawa ya karɓi takarda. Amma ranar da aka ce ya miƙe ya yi bayanin minti biyu a gaban baƙo, sai gumi ya karyo masa, harshe ya sarƙe. Ga tsaransa kuma da bai taɓa shiga aji ba, ya bi motar shanu zuwa kudu, ya sauka a Agege ko Sabon Ibadan yana 'yan buge-bugensa. Kafin shekara ta zagayo yana ciniki da Yarbanci, yana faɗa da shi, har ba'a yana yi. Wani ya tafi Kwatano sayen mota ya dawo da Faransancin da zai fitar da shi kunya a gaban jami'in kwastan.

Ba wai ɗan kasuwar ya fi ɗan makarantar ƙwaƙwalwa ba ne. Hanyar da harshen ya biyo ya iso wa kowannensu ce ta bambanta, kuma kowace hanya tana da abin da take bayarwa da abin da take hanawa.

Mu dubi Larabci, tunda shi ne baƙon harshen da ya fi daɗewa a ƙasar Hausa. Ɗalibin zaure yana farawa da Ahalari da Ishmawi, ya wuce Iziyya da Risala, a nahawu ya sha Ajurumiyya, mai himma ya kai Alfiyyar Ibn Malik da Muƙamatul Hariri. Malam yana karantawa yana fassara kalma bayan kalma, ɗalibi yana biye. Wannan tsari ya fitar da malamai masu zurfin da za su yi wa jimla i'irabi har su gano inda marubucin littafi ya yi tuntuɓe. Sai dai da yawansu idan suka sauka Jidda, direban tasi ya yi musu magana, sai a ga an tsaya kallon-kallo. Kunnensu bai saba da Larabci yana gudu ba, bakinsu bai saba ƙera jimlar kansa ba, ga shi kuma Larabcin titi ya sha bamban da na littafi. A nan kusa da su kuwa akwai ɗan uwansu da ya daɗe da zama a Makka, yana zuba Larabcin Hijaz babu gargada, amma a miƙa masa jarida ya karanta, sai ya ce a kai kasuwa.

Zaure yana ba da ido da ƙa'ida. Kasuwa tana ba da kunne da baki. Kusan duk abin da masu binciken koyon harshe suka gano a ƙarnin da ya wuce yana komawa ga haɗa waɗannan biyun, kuma mai koyo a yau yana iya haɗa su yana zaune a ɗakinsa.

Lissafin sa'o'i

Gara a fara da maganar da masu tallan “koyi Faransanci cikin kwana 30” ba sa so a yi. Cibiyar da ke horas da jami'an diflomasiyyar Amurka, wadda ake kira FSI, ta daɗe tana ƙiyasta lokacin da ɗalibanta ke ɗauka kafin su iya aiki da harshe. Faransanci ko Sifaniyanci yana cin sa'o'i 600 zuwa 750 na aji. Larabci da Sinanci da Japananci da Koriyanci kuwa kimanin sa'o'i 2,200. Wannan lissafi na masu Ingilishi a matsayin harshen uwa ne, manya, waɗanda ba su da wani aiki sai karatun. Na Bahaushe zai bambanta, musamman a Larabci inda yake da jari tun daga gida, amma ya isa ya nuna girman aikin.

Yanzu a gwada da abin da ke faruwa a makarantunmu. A 1996 gwamnatin Janar Sani Abacha ta ayyana Faransanci a matsayin harshen hukuma na biyu a Najeriya, aka kuma sa shi cikin manhajar makarantu. A ɗauka ɗalibin ƙaramar sakandare yana samun darasi biyu na minti 40 a mako, mako 36 a shekara, har shekara uku, ba yajin aiki, ba fashin malami. Jimilla sa'o'i 144 ke nan, kuma mafi yawansu a kwafar allo suke ƙarewa. To ina laifin yaron da ya fita bai riƙe komai ba sai gaisuwa? Wanda ya ware sa'a ɗaya kullum da kansa, cikin wata biyar ya wuce abin da makaranta ta ba wancan a shekara uku.

Kalmar “kullum” ɗin nan ita ce ƙashin bayan maganar. A 1885 wani Bajamushe mai suna Hermann Ebbinghaus ya wallafa sakamakon gwajin da ya yi a kan kansa, inda ya riƙa haddace gaɓoɓin da ba su da ma'ana yana auna yadda suke zubewa. Ya gano cewa mantuwa ta fi sauri a sa'o'in farko da kwanakin farko, sannan ta lafa, kuma bitar da aka rarraba cikin kwanaki ta fi wadda aka dunƙule a zama ɗaya. Wato minti 30 kowace rana ya fi sa'a uku da rabi ranar Asabar, ko da yake lissafin ɗaya ne.

Gardin tsangaya zai ji wannan ya yi murmushi, domin shi ne tishi. Almajiri ba ya wanke allo sai ya biya wa malam ba tare da dubawa ba. Bayan ya wanke kuma ba a bar tsohon karatu ya kwanta ba: da asuba a koma baya, da dare a gaban wuta a sake komawa, na jiya a maimaita shi da yawa, na watan jiya a riƙa kewayo shi lokaci-lokaci. Abu biyu ne a ciki, tazara tsakanin bita da kuma jawo karatu daga ka. Na biyun ma an gwada shi: a 2006 Henry Roediger da Jeffrey Karpicke a Amurka suka nuna cewa ɗaliban da suka rufe takarda suka yi ƙoƙarin tuno abin da suka karanta sun fi riƙe shi bayan mako guda, a kan waɗanda suka yi ta maimaita karantawa. Abin takaici shi ne yaron da ya sauke Alƙur'ani da wannan dabara, idan ya zo koyon Ingilishi sai ya ajiye ta a ƙofar aji.

Ga yadda ake ɗora ta a kan kalmomi ba tare da kashe ko kwabo ba. A yayyanka takarda ƙanana. A gaba a rubuta jimlar Hausa, a baya a rubuta ta da harshen da ake koyo. A samu kwali a raba shi gida uku. Sabuwar takarda tana shiga gidan farko, wanda ake dubawa kullum. A kalli Hausar, a faɗi baƙon harshen da ƙarfi, sannan a juya. In an dace, ta ƙaura gida na biyu da ake dubawa bayan kwana uku. In an sake dacewa, ta wuce na uku da ake dubawa mako-mako. Duk wadda aka kuskure, ko daga ina take, ta koma gidan farko. Wani ɗan jaridar Jamus, Sebastian Leitner, shi ya yaɗa wannan tsari a 1972, nasa kwalin mai gida biyar ne. Manhajar Anki da ake sa wa a waya aikin da take yi ke nan, ita ce ke tuna maka ranar da ya kamata kowace takarda ta dawo.

An ce jimla, ba a ce kalma ba, kuma da dalili. Kalmar da aka haddace ita kaɗai takan tsaya a maƙogwaro lokacin buƙata, domin ba a san da me take tafiya ba. Wanda ya riƙe “nawa ne kuɗin wannan?” a dunƙule, gobe sai ya cire “wannan” ya sa buhu ko yadi. Kuma ba kowace kalma ta cancanci takarda ba. Binciken Paul Nation na ƙasar New Zealand da abokan aikinsa ya nuna cewa kalmomi 2,000 da suka fi yawan fitowa a Ingilishi suna ɗauke da kusan kashi 80 cikin 100 na rubutu na yau da kullum, alhali karanta littafi ko jarida ba tare da neman ƙamus ba yana buƙatar 8,000 zuwa 9,000. Dubu biyun farko su ne masu albarka. Wanda ya buɗe ƙamus daga harafin farko da niyyar haddace shi, ya ɗauki hanyar da ba ta ɓullewa.

Kunne kafin baki

Tun a shekarun 1950 'yan kasuwa Kwarori suka fara kawo finafinan Indiya gidajen sinima na Arewa. Ba wanda ya buɗe ajin Indiyanci a Kano ko Jos, amma an samu samari da 'yan mata da ke jin zancen jarumai tun kafin a fara fassara finafinan zuwa Hausa, wasu har suka mai da abin sana'a. Me ya koya musu? Labarin a fili yake: ana ganin uwa na kuka, ana ganin mugu na dariya, don haka ana gane abin da ake faɗa tun ba a san kalmomin ba. Sannan ana kallon fim ɗaya sau biyar, sau goma, saboda ana so.

Wannan shi ne abin da masanin harshe Stephen Krashen ya kafa ra'ayinsa a kai a shekarun 1980: harshe yana shiga ne ta hanyar ji da karanta abin da mutum ke fahimta, wanda ya ɗan ɗara matsayinsa kaɗan. Sharaɗin fahimtar nan shi ake yawan mantawa. Mutum ya kunna tashar Faransanci tun safe har dare alhali bai san kalma goma ba, wannan hayaniya ce kawai. Shi ya sa manyan gidajen rediyo suka tanadi shirye-shirye na masu koyo. Muryar Amurka ta fara labarai da sauƙaƙan Ingilishi a 1959, ana magana a hankali da kalmomi kimanin 1,500. RFI tana da labaran minti goma da sauƙaƙan Faransanci, tare da rubutun abin da aka faɗa a intanet. BBC tana da hirar minti shida ta masu koyon Ingilishi. Bahaushe kuma, da aka sani da rediyo a kunne, yana da wata dabara a hannunsa: ya fara sauraron labaran duniya da Hausa, sannan ya saurari na ranar da baƙon harshen. Tunda ya riga ya san abin da ya faru, sunayen ƙasashe da shugabanni za su zame masa matakala.

Gajeren abu da aka ji sau da yawa ya fi dogo da aka ji sau ɗaya. A ɗauki minti ɗaya kacal na magana. A saurara ba tare da rubutu ba, a sake saurara ana bin rubutun da yatsa, sannan a riƙa bin mai maganar da baki, ana kwaikwayon inda ya ɗaga murya da inda ya sauke. Daga ƙarshe mutum ya naɗi muryarsa a waya ya kwatanta. A nan ne zai kama kansa yana musanya “p” da “f”, ko “v” da “b”, ko yana cusa wasali tsakanin baƙaƙe biyu kamar yadda muka yi wa burodi da asibiti. Ba aibi ba ne, al'adar bakinmu ce, kuma ba ta gyaruwa sai an ji ta da kunne.

Bai kamata mu raina jarinmu ba. Hausa tana bambanta ma'ana da karin sauti, shi ya sa ba a rikita kukan hawaye da kukar miya. Ɗan kasuwar Kantin Kwari da ke son Sinanci don zuwa Guangzhou ko Yiwu ya riga ya mallaki kunnen da Bature ke shan wahala kafin ya samu, ko da yake karin sautin Sinancin Mandarin guda huɗu ne kuma sai an koye su ɗaya bayan ɗaya. (A kula, mutanen Guangzhou suna da nasu harshen na gida, Kantonis, amma Mandarin ne zai yi maka aiki a ko'ina cikin ƙasar.) Hausa tana da jinsin namiji da tamace a sunaye, don haka tsarin Larabci da Faransanci ba baƙo ba ne a gare mu, sai dai a yi hattara: rana mace ce a Hausa da Larabci, amma namiji ce a Faransanci. A Larabci kuwa, “ka” da “ki” ɗinmu suna nan a ƙarshen kalmominsu, ga ɗimbin kalmomin aro na addini da shari'a da ciniki. Mutumin Maraɗi ko Damagaram shi ma ya shiga Faransanci da lakwal da kaye da mushe a aljihu.

Kunya

Sauraro kaɗai bai isa ba. A Kanada, tun 1965 aka fara koyar da 'ya'yan masu Ingilishi dukkan darussa da Faransanci. Bayan shekaru, Merrill Swain ta lura cewa yaran suna fahimta ƙwarai, amma maganarsu da rubutunsu suna cike da kurakuran nahawu. A 1985 ta bayyana dalili: ba a tilasta musu yin magana sosai ba. Sai mutum ya buɗe baki zai gano ramin da ke cikin iliminsa.

A nan ne tamu matsalar take, kuma ba ta littafi ba ce. Ɗan makaranta ya kwafsa a Turanci, aji ya fashe da dariya, sunan da za a laƙaba masa ya bi shi har girma. Ya gyara ya yi mai kyau a unguwa, a ce iyayi ne da feleƙe. Tsakanin dariya da gori sai ya zaɓi shiru. Ɗan kasuwa ba shi da wannan ciwo, domin in ya yi shiru ba zai ci abinci ba. A yi masa dariya, ya taya su, ya tambayi daidai, ya wuce. A ganina wannan, fiye da komai, shi ne sirrin saurinsa.

Tarihi ya ajiye mana misali a kan hanyar Agadas zuwa Kano. Heinrich Barth, Bajamushen da ya kira kansa Abdulkarim, ya baro Tarabulus a 1850 da Larabcinsa, ya iso Kano a 1851. A hanya ya riƙa tsintar Hausa daga bakin abokan tafiya, da littafin rubutu a hannu, yana tambayar sunan duk abin da ya gani. Haka ya yi wa Kanuri da Fulatanci da harshen Songhai da na Buzaye, daga baya ya wallafa tarin kalmomin harsunan. Da zai koma Turai a 1855 ya tafi da wani yaro Bahaushe daga ƙasar Damagaram, Dorugu, wanda ya koyi Ingilishi a can, ya kuma zauna da wani Bature, J. F. Schön, yana ba shi labarai da Hausa, waɗanda suka shiga littafin Magana Hausa na 1885. Kowannensu ya koyi baƙon harshe ta hanyar zama da masu shi da yawan tambaya. Matambayi ba ya ɓata.

Hukumomi ma sun san da haka. Makarantar shari'a da aka buɗe a Kano a 1934, wadda ta zama Makarantar Nazarin Larabci, da malamai 'yan Sudan ta fara, kuma zama da su ya sa ɗalibai jin Larabci a matsayin harshen magana. Gwamnatin tarayya ta kafa Ƙauyen Faransanci a Badagry a 1991, da Ƙauyen Larabci a Ngala ta jihar Borno a 1992, don ɗaliban jami'a su je su zauna inda ba a jin komai sai harshen da suke karanta. Rikicin Boko Haram ya tilasta wa na Ngala ƙaura zuwa Maiduguri. A Nijar kuma, kundin tafiyar da ƙasa da aka ƙaddamar a 2025 ya ɗaga Hausa zuwa harshen ƙasa, ya sa Faransanci da Ingilishi a matsayin harsunan aiki, abin da ke nufin buƙatar Ingilishi za ta ƙaru a can kamar yadda ta Faransanci take a wannan gefen. Ɗalibin Katsina da na Maraɗi kowanne yana riƙe da abin da ɗayan ke nema, ga Hausa a tsakaninsu ta yin bayani idan an cije. Saƙon murya na WhatsApp ya ishe su: minti goma da wannan harshe, minti goma da wancan, kowa ya gyara wa ɗan'uwansa.

Wanda bai samu abokin ba ya fara da kansa. Ya riƙa faɗin abin da yake yi da baƙon harshen, yana alwala, yana ɗaure kaya a babur, in mace ce tana tankaɗen gari. Duk inda kalma ta gagara, a rubuta ta, da dare a nemo ta, ta shiga kwali. Manhajoji irin su Duolingo suna da amfaninsu wajen sa mutum ya riƙa leƙa karatu kullum, amma wanda ya tara maki na shekara guda bai taɓa yi wa ɗan Adam magana ba, wasa ya iya, ba harshe ba. Nahawu kuma ba a yar da shi ba, wurinsa aka sauya: ya zo bayan an ji jimlolin an saba da su, ya bayyana dalilin abin da kunne ya riga ya kama. Littattafan Madina na Dakta V. Abdur Rahim, da ɗalibanmu na Islamiyya suka sani, a kan wannan tsari suke tafiya, gajeriyar hira tukuna, ƙa'ida daga baya.

Saura masu cewa girma ya zo. Gaskiya ne yaro ya fi babba kama lafazi. Wani babban bincike da Joshua Hartshorne da abokansa suka wallafa a 2018, wanda ya shafi mutum kusan 670,000, ya nuna cewa ƙarfin kama nahawun baƙon harshe yana nan daram har wajen shekara 17, sannan ya fara raguwa. Raguwa aka ce, ba ƙarewa ba. Babba yana da abin da yaro ba shi da shi: ya san dalilin da ya sa yake koyo, ya iya tsara lokacinsa, ya iya karatu. Lafazinsa zai ci gaba da nuna daga inda ya fito, amma ba a taɓa hana mutum sayen kaya a Guangzhou ko karatu a Alƙahira don ana jin Hausa a muryarsa ba.

Kira na musamman ga malaman Ingilishi da Faransanci da Larabci a makarantunmu: ku ware ko da minti goma ne a kowane darasi, a rufe littafi, yara su yi magana bibbiyu a kan abin da suka ci jiya ko hanyar gidansu. Kada ku katse yaro a tsakiyar jimla don gyara, ku bari ya kai ƙarshe. Wanda kuma ya yi wa ɗan'uwansa dariya, shi za a fara tsayarwa ya yi magana gobe.